Kifin Inna a Hannun Gwamnati

Ni ne mai riƙe da ƙofar ɗakin sanyi. Kar ka ji an ce mai ƙofa ka ɗauka maigadi ne. Maigadi yana waje yana shan iska, ni ina ciki ina shan azaba. Rigar sanyi biyu, safar hannu, da takalmin roba wanda ya fi ƙafata girma har sai na cusa masa tsohuwar jarida. In na fito hancina na zuba, kunnena ba ya ji, amma bakina bai taɓa daskarewa ba. Shi ya sa matan kifi suke ce mini Rediyo. Uwar Biyu, wadda ta fi kowa faɗa a cikinsu, takan ce da da batir nake aiki, da tuni ta cire shi ta jefa a kwata.

Ɗakin na Maigida ne, wato injin da ƙofar da sunan da ke jikin allo. Ginin da filin kuwa na gwamnati ne, haya yake yi. Kifin da ke ciki, in ka cire 'yan kwalaye kaɗan, duk na matan kasuwa ne. Maigida ke yin oda, mota ta kawo daskararren kifi, kowace mace ta biya nata ta ba ni ajiya. Kullum da safe ta zo ta ɗauki na yini, ta biya kuɗin sanyi. Ba ma rubuta suna. Wa zai tsaya rubutu a inda biro ke daskarewa? Kowace tana da ƙyallenta. Ta yago daga tsohon zani, ta ɗaure a igiyar kwali, shi ke nan kaya ya zama nata. Na Uwar Biyu ja ne, kamar idonta in an taya mata kifi a wulaƙance. Na Inna shuɗi ne mai ɗigon fari.

Inna ita ce ta haife ni. A lokacin da nake ba ka labari, duk abin da ta mallaka a duniya yana cikin ɗakin nan. Ba ƙari nake yi ba. An ce kifi zai yi tsada, sai ta sayar da keken ɗinkinta da 'yan kunnenta, ta haɗa da jarinta, ta sari kwalaye har suka kusa taɓa rufi. Niyyarta ta riƙe su sai farashi ya tashi, ta biya wa ƙannena mata kuɗin makaranta, ta kama shago ta huta da zaman rana.

Na ce mata, "Inna, yanzu ke ce shugabar ƙasar kifi. A ba ni minista."

Ta ce, "Rufe mini baki ka jera su da kyau, kar na ƙasa su lotse."

Rigimar Maigida da gwamnati ta daɗe. Su suna cewa haya da haraji sun taru a kansa. Shi yana cewa sun yi alkawarin wuta ba su kawo ba, ya ƙare a sayen man janareta, don haka a rage masa. A yarjejeniyarsu kuma an ce in saɓani ya tashi ba kotu za a je ba, mai sasanci za a ɗauko, mutumin da ɓangarorin biyu suka yarda da shi, abin da ya yanke ya zauna. Mu dai muna jin zancen sama-sama, kamar ana faɗa a gidan da ba ka san kowa ba.

Sai wata safiya Maigida ya tara matan a bakin ƙofa. Mutum ne mai tumbi da fara'a, amma ranar ko hularsa a karkace take. Ya ce mai sasanci zai zo ya ga wurin da idonsa. In ya ga kamfani da ƙarfinsa, zai yarda a riƙa biyan gwamnati kaɗan-kaɗan. In ya ga fanko ne, rufewa za a yi.

"In an rufe, ina za ku kai kifinku?" ya ce. "Alfarma ɗaya nake roƙo. Ƙyallayen nan. A kwance su na yini ɗaya tak. In ya shiga ya ga tsummoki kala-kala, zai gane kayan mutane ne."

Uwar Biyu ta gyara ɗaurin ɗankwalinta.

"In an kwance, ta yaya zan san nawa?"

"Ga Rediyo nan," in ji Maigida. "Ya san wurin kowa."

Na ce, "Na san wurin kowa, har inda Uwar Biyu ke ɓoye kifin da ya kwana, ta ce wa mutane yau aka sauke."

Aka yi dariya, ta kawo mini duka da murfin roba na goce. Amma ba wadda ta motsa daga inda take. Sai Inna ta ajiye tirenta.

"Shekarar da uban yaran nan ya rasu," ta ce, "na yi watanni ban biya kuɗin sanyi ba. Bawan Allahn nan bai taɓa aiko mini ba. Ya kuma ɗauki wannan mai surutun aiki, wanda ni da na haife shi ban iya yini guda da shi. Yau ya roƙi ƙyalle, sai mu tsaya ciniki?" Ta miƙo mini hannu. "Kai, ba ni rigar nan."

Ita ta fara shiga. Sauran suka bi ta ɗaya bayan ɗaya, suna karkarwa suna tsokanar juna, haƙora na kaɗawa. Ƙullin da ya daskare sai da haƙori. Kafin rana ta ɗaga, ɗakin ya zama tas, kwalaye iri ɗaya jere kamar na mutum ɗaya. Ni kaina da na kalla sai na ji kamar a wani babban kamfani nake aiki, har na ce a ƙara mini albashi.

Mai sasancin ya zo da hantsi. Tsohon alƙali ne siriri, mai tari, kana gani ka san iska mai ƙarfi za ta iya tafiya da shi. Tare da shi akwai jami'in gwamnati, matashi mai tabarau, nan take na raɗa masa Gilashi. Na ara wa tsohon rigata ta sanyi, ta sauko masa har gwiwa. Suka shiga, Gilashi yana ɗaukar hoto da waya ta kowace kusurwa. Ba su daɗe ba, sanyi ya koro su.

A bakin ƙofa tsohon ya tsaya yana murza hannu. Ya ga Inna zaune kusa da sikeli.

"Baiwar Allah, ke a nan kike samun kifi?"

"A nan ne, ranka ya daɗe."

"Kayan da ke ciki na wa ne?"

Na ga idon Inna ya je kan Maigida ya dawo. Bai fi ƙiftawa ba.

"Na kamfani ne, ranka ya daɗe. Mu saye muke yi."

Ya gyaɗa kai, ya cire mini rigata, ya ce Allah ya yi mini albarka. Da yamma kowace ta mayar da ƙyallenta, ba a samu ko kwali ɗaya da ya ɓata ba. Bayan 'yan kwanaki Maigida ya zo yana washe baki, ya ce an yi nasara, an yarda ya biya kashi-kashi. Ya saya wa kowa lemo. Abin da bai faɗa mana ba shi ne sharaɗin: kayan da ke ɗakin su ne jingina. In ya kasa biya, gwamnati ta kwashe.

Ko kashin farko bai biya ba.

Ya fara da zuwa a makare, ya koma aiko da saƙo, daga nan wayarsa ta daina shiga. Na je gidansa, matarsa ta leƙo ta bayan labule ta ce ya yi tafiya. Na ce ina? Ta ce ita ma tambayar da take yi ke nan.

Ranar da aka rufe, na zo da safe ina fito, na tarar da Gilashi da 'yan sanda biyu. Sun riga sun maƙala wani ƙaton kwaɗo a kan nawa, sun manna jar takarda mai hatimi a tsakiyar ƙofa.

Na ce, "Yallaɓai, lafiya? Ko kifin ne ya yi laifi?"

Gilashi bai yi dariya ba. Ya ce kamfani ya saɓa hukuncin sasanci, kayan ciki sun koma hannun gwamnati, za a yi gwanjonsu. Ya nemi makullaina, na ba shi. Janareta kuwa ya ce kar a kashe, su za su riƙa zuba mai, don ba su son kayan gwamnati su lalace.

Na ce, "To, alhamdu lillahi. Yau dai gwamnati ta kawo wuta."

Ɗaya daga cikin 'yan sandan ya ƙyalƙyace, ya tuna inda yake, ya gimtse.

Matan suka fara isowa da tirensu. Kowace ta zo sai ta tsaya ta kalli takardar, ko da ba ta iya karatu ba. Inna ta zo ta tsaya a gabanta, ta ɗora tafin hannunta a jikin ƙofar. Sanyi na ratsowa. Kifinta na nan lafiya lau, taku kaɗan daga hannunta.

"Ɗana," ta ce wa Gilashi, "na yini kawai zan ɗauka. Kwali ɗaya."

"Mama, ko ni ba ni da ikon buɗewa."

Kwanakin da suka biyo baya ba su da daɗin faɗa. Inna takan tashi da asuba kamar kullum, ta wanke tire, ta ɗaura zani, ta je ta zauna a gindin bangon ɗakin tana sauraron ƙarar injin. In ya ɗan sauya murya sai ta dube ni. In ce mata lafiyarsa ƙalau, tari ne irin na mai sasanci. A gida tukunya ta fara hawa sau ɗaya a rana. An koro autarmu daga makaranta saboda ba a biya kuɗi ba, ta dawo ta ce wai malami ne ba shi da lafiya, don kar Inna ta ji. Inna ta ji.

Matan suka yanke shawarar zuwa wurin mai sasanci da kansu. Suka ce ni zan yi magana.

"Yau dai bakin nan ya yi mana amfani," in ji Uwar Biyu. "In ka kawo wasa a can, ni zan sasanta ka."

Ofishinsa a saman bene yake. Dogon tebur, fanka mai ƙara, furen roba da ƙura ta cinye a kan taga. Kujeru ba su isa ba, wasu suka tsaya a jikin bango, warin kifin da ba ya barin kayanmu ya cika ɗakin. Tsohon ya sa aka kira Gilashi, don ya ce ba ya jin ɓangare ɗaya a bayan idon ɗaya.

Na yi magana. Wallahi na yi magana. Na faɗi yadda muke aiki, na kwatanta ƙyallaye, na ce a buɗe yanzu a gani, kowane kwali da uwarsa. Na ce wanda ake bi bashi ya gudu da tumbinsa, an kama waɗanda ba su ci ba su sha ba. Na ce matan nan ba su san haya ba, ba su san haraji ba, in ban da na kasuwa da suke biya kullum. Ban sa wasa ko ɗaya ba. Ni kaina na yi mamakin kaina.

Tsohon ya saurara har na gama. Ya yi tari, ya sha ruwa.

"Kuna da shaidar saye?"

Na ce takardar mota da sunan kamfani take zuwa, tunda Maigida ke yin oda. Tsakaninmu da shi kuwa hannu da hannu ne.

Gilashi ya turo wayarsa tsakiyar tebur. Hotunan ranar nan ne. Kwalaye tas, ba ko zare.

"Ban ga ƙyalle a nan ba," ya ce. "In yanzu akwai, daga baya aka ɗaura."

Mai sasanci bai kalli wayar ba. Inna yake kallo.

"Baiwar Allah, na gane ki. Ke ce a bakin sikeli."

"Ni ce, ranka ya daɗe."

"Ban yarda da takardun mutumin nan ba, shi ya sa na taka da ƙafata. Ban yarda da bakinsa ba, shi ya sa na tambaye ki. Na ce wannan dattijuwa ba abin da zai sa ta rufe mini. Me kika ce mini?"

Inna ta sunkuyar da kai. Fanka na ta ƙara.

"Na ce na kamfani ne."

"Da kin ce naku ne, da ban taɓa sa kayan nan a jingina ba. Da na nemi gidansa ko motarsa."

Na buɗe baki. Na ce, "Ranka ya daɗe, ai alfarma ce aka..."

Gilashi ya ɗaga mini hannu. A hankali ya yi magana, ba da faɗa ba.

"Abokina, tsaya nan. Abin da kake shirin faɗa, in ya fita a gabana, dole in kai shi gaba. Sunansa haɗa baki a yaudari hukuma. Ba kifi kaɗai za a rasa ba. Ban ji komai ba tukuna."

Na rufe bakina. Ban san yana rufuwa haka da sauƙi ba.

Tsohon ya ce aikinsa ya ƙare tun ranar da ya sa hannu, ba shi da ikon warware abin da ya ɗaure. Ya ce akwai kotu, in muna da lauya da shaida da haƙuri. Ya ce yana baƙin ciki, kuma na yarda da gaske yake. Sai dai baƙin cikinsa bai buɗe kwaɗo ba.

A matakala Uwar Biyu ta juyo. Ba ta ɗaga murya ba, da ma ta ɗaga.

"Ke kika fara shiga," ta ce wa Inna. "Ni na ce ta yaya zan san nawa. Kika ce kar mu tsaya ciniki. To ga shi ba mu yi ciniki ba."

Na ce, "Haba Uwar Biyu, ai kowa da ƙafarsa ya..."

"Kai kuma yi mini shiru, an kashe tashar."

Matan suka sauka suka bar mu a baya. Tun daga ranar, in Inna ta je gindin bango, ita kaɗai take zama a gefe guda.

Gwanjon da rana tsaka aka yi shi. Matan sun yi karo-karo, wai ko za a sayar kaɗan-kaɗan su fanshi wani abu. Gilashi ya ce umarnin da aka ba shi a sayar gaba ɗaya. Manyan dillalai uku ne suka zo, suna tsaye a inuwa suna danna waya. Ba a ɗauki lokacin shan shayi ba aka gama. Wani da ake kira Mai Tirela ya saye, a farashin da ko shi sai da ya ɓoye murmushi. Na ji Gilashi yana gaya wa ɗan sanda cewa abin da aka samu bai biya ko rabin bashin ba.

Aka fasa hatimi, aka buɗe. Hayaƙin sanyi ya fito ya kwanta a ƙasa. Yaran Mai Tirela suka shiga da singileti da silifa, suka fito a guje suna hura hannu. Mota na jira, kifi kuma ba ya son rana. Gilashi ya waiga, ya gan ni.

"Kai ne ke da kayan shiga, ko? Ka fito da su bakin ƙofa, yaransa su loda. Za a biya ka na yini."

Na ce, "Yallaɓai, ka rasa wanda za ka sa sai ni?"

"Kai ka san ɗakin."

Na dubi Inna. Tana zaune a inda ta saba, tire a kife a cinyarta. Na so ta ce kar in je. Da ta ce, da na samu abin faɗa, da na yi musu wankin babban bargo a gaban kowa.

"Je ka," ta ce. "Babu komai a gida."

Na sa riga biyu, na sa safa, na sa takalmi. Na yi ta fitowa da kwali a kafaɗa ina direwa, ina komawa. Matan suna tsaye a layi suna kallo, kowace na bin nata da ido har ya shige mota. Ba wadda ta yi kuka. Ɗaya daga cikin yaran Mai Tirela ya ce, "An ce kai ne Rediyo, ya ba ma jin komai?" Na dire masa kwali a kan ƙafa, ban ba shi haƙuri ba.

Da aka kusa gamawa na ga Inna ta tashi. Ta je wurin Mai Tirela, ta ɗan rusuna, mutumin da a shekaru bai kai ƙaninta ba.

"Alhaji, ko za ka ba ni kwali ɗaya in sayar, in kawo maka kuɗin da yamma? Na daɗe a sana'ar nan, kowa ya san ni."

Ya dube ta sama da ƙasa, ba da wulaƙanci ba, irin kallon da ake wa kaya.

"Mama, ni ban san ki ba, kuma ba na ba da bashi. Amma ina neman mata masu yanka da wankewa a wurina. Kullum a biya ki. Kin iya wuƙa?"

"Na iya."

"To ki zo gobe da sassafe. Ki zo da wuƙarki."

Motar ta tashi. Gilashi ya sa aka kashe janareta. Ban taɓa jin wurin nan shiru haka ba, har kunnena ya riƙa ƙara. Ya ƙirga mini kuɗin yinina, na miƙa wa Inna a gabansa. Ta ƙulle a bakin zani.

Muka kama hanyar gida, ina riƙe da tirenta. Na yi ta laluben abin da zan faɗa ta yi dariya, ko ta zage ni ma na yarda. Har muka wuce masu gyaran babur ban samo ba.

A bakin layinmu ta tsaya.

"Ka ɗauko wuƙata a gida, ka kai wa mai wasa wuƙa kafin ya tashi," ta ce. "Babbar, mai baƙar ƙota. Ka ce ya yi ta da kyau."